Kazan, Buhara da Ƙasar Gwandu: Sharhi a kan Tarihin Ilmi a Rasha da Abin da Ya Shafe Mu

Duk sa'ad da aka zauna shawarar yadda za a gyara karatun 'ya'yanmu, ko a ma'aikatar ilmi ne a Birnin Kebbi, ko a ɗakin malamai na Kwalejin Adamu Augie da ke Argungu, ko kuwa a wani zaure a nan Ambursa bayan an sallame La'asar, da wuya a watse ba a kawo misali da Ingila ko Amurka ba. Dalilin haka a fili yake, domin daga Ingila aka kawo mana makarantar boko, kuma tsarin shekara shida, uku, uku, huɗu da aka soma aiki da shi a 1982 daga Amurka ya ɗebo kamanninsa. Sai dai waɗannan ƙasashe biyu ba su taɓa fuskantar mas'alar da ta fi damunmu a cikin gidansu ba, watau yadda al'ummar Musulmi mai daɗaɗɗen karatu, mai malamanta da littattafanta da haruffanta, za ta yi da sabuwar makarantar da wanda ya ci ta da yaƙi ya zo da ita. Daular da ta daɗe tana fama da wannan mas'ala, tun daga 1552 lokacin da Sarki Iban na Huɗu ya ci birnin Kazan a bakin kogin Bolga, ita ce Rasha, wadda daga baya tutarta ta rufe Samarƙandi inda kabarin Imamu Buhari yake kusa da ita, da Tirmiz mahaifar Imamu Tirmizi. Masana tarihi sun yi aiki mai yawa a kan makarantun wannan daula, kuma a ganina babu tarihin wata ƙasar Turai da ya fi kusa da halinmu kamar wannan.

Kafin a shiga kwatanci ya kamata a san sharaɗinsa, domin kwatanta tsarin ilmin ƙasashe fanni ne mai ƙa'idoji. Wani Bafaranshe, Marc-Antoine Jullien, shi ya fara tsara shi a 1817, yana fatan a tara bayanan makarantun kowace ƙasa a jera su a ga wadda ta fi. Bayan shekara arba'in, a 1857, babban malamin tarbiyya na Rasha, Konstantin Ushinsky, ya bi tsarin Jamus da Ingila da Faransa da Amurka ɗaya bayan ɗaya, ya yanke hukuncin cewa kowane tsari daga ɗabi'ar al'ummarsa ya tsiro, ba ya ciruwa a kai wani wuri yadda yake. Michael Sadler na Ingila ya ƙarfafa wannan ra'ayi a 1900, yana mai nuna cewa abin da ke wajen makaranta shi ke juya abin da ke cikinta. Sa'an nan Nicholas Hans, haifaffen Odessa a 1888, wanda ya yi hijira zuwa Landan bayan juyin juya halin Rasha, ya rubuta tarihin siyasar ilmin Rasha a 1931, ya kuma fitar da littafinsa na kwatanta tsare-tsare a 1949, inda ya sa harshe da addini da yanayin ƙasa da hanyar cin abincin jama'a su ne ginshiƙan da ake auna makaranta da su. Manomin fadamar Rima ba ya bukatar a yi masa dogon bayanin wannan, tun da ya san irin shinkafar da ke son ruwa ya kai mata wuya, in aka dasa ta a tudu, ko da taki ya wadata, ba za ta yi ba.

Sarakunan Rasha daga sama suka fara ginin ilmi. Bitrus Babba ya buɗe makarantar lissafi da tuƙin jiragen ruwa a Mosko a 1701, ya kafa majalisar masana a 1724, aka buɗe jami'ar Mosko a 1755 da ta Kazan a 1804, duk a lokacin da mafi yawan talakawa bayin gona ne da ake gadonsu tare da ƙasa, waɗanda ba a 'yanta su ba sai a 1861. Har a 1887 ministan ilmi Delyanov ya fitar da takardar umarni ta rage shigar 'ya'yan masu dafa abinci da masu wanki da ƙananan 'yan tireda makarantun sakandare. Da aka yi ƙidayar jama'a a 1897, sai aka tarar kashi 21 cikin 100 na dukkan jama'a ne kaɗai suka iya karatu. Wanda ya san cewa an buɗe Kwalejin Katsina a 1922 don horar da 'yan kaɗan waɗanda za su riƙe makarantu da ofisoshin En'e, alhali ƙauyuka ba su ga allon bango ba, zai gane wannan fasali.

An daɗe ana karanta wannan tarihi da cewa talakan Rasha ba ya son karatu, sai da masu ilmi da majalisun gundumomi da aka kafa a 1864 suka ja shi da ƙyar. Binciken da ya sauya wannan fahimta shi ne na Ben Eklof, wanda a littafinsa na 1986 a kan makarantun manoman Rasha ya nuna cewa tun kafin hukuma ta iso, manoma da kansu sukan haɗa kuɗi su ɗauki tsohon soja ko ma'aikacin coci ya koya wa yaransu karatu a ɗakin wani daga cikinsu lokacin hunturu. Da makarantar hukuma ta zo, sai suka ɗauki abin da suke bukata a cikinta, karatu da rubutu da lissafi, suka janye yaran bayan hunturu biyu ko uku su koma gona. Jeffrey Brooks kuma, a 1985, ya bi sawun ƙananan littattafan labaru masu araha da 'yan koli ke yawo da su ƙauye-ƙauye, ya nuna cewa su ne suka riƙe karatun mutane bayan sun bar makaranta. Ina ganin wannan darasi ya shafe mu kai tsaye. Uban da ya cire ɗansa daga firamare da faɗuwar damina, ko lokacin yankan shinkafa, lissafi yake yi tsakanin abin da makaranta ke ba yaron da abin da gona ke ba gidan, kuma wanda yake son ya riƙe yaron a aji tilas ya sa makarantar ta rinjayi wannan lissafi. Haka nan duk wanda ya ga yadda littattafan soyayya na Kano suka zaunar da karatun boko a hannun matan aure, ya ga abin da Brooks yake faɗa da idonsa.

To, sai mu zo ga Musulmin daular, inda kamannin suka fi ƙarfi. Bayan ƙarni biyu na takura da rushe masallatai a ƙasar Kazan, Sarauniya Katarina ta Biyu ta sauya siyasa: ta sa aka buga Alƙur'ani a birnin Bitrus a 1787, ta kafa majalisar shari'a ta Musulmi ƙarƙashin Mufti a 1788, mazauninta a Ufa, wadda ke jarraba limamai ta ba su takardar izini. Robert Crews ya nuna a littafinsa na 2006 yadda Musulmi da kansu suka riƙa kai ƙarar junansu gaban hukumar sarki a kan mas'alolin aure da gado da limanci, har daula ta zama mai raba gardama a cikin addinin da ba nata ba. A Turkistan kuwa, bayan cin Tashkent a 1865, Gwamna Kaufman ya zaɓi ya kau da kai daga makarantun Musulmi, bai rushe su ba, bai kuma taimake su ba, yana zaton in an yi banza da su za su mutu da kansu. Wannan bai yi nisa da abin da ya biyo bayan alkawarin Lugga a Sakkwato a watan Maris na 1903 ba, cewa ba za a taɓa addini ba. An bar makarantun allo, waɗanda Turawan da kansu suka ƙiyasta sun kai wajen 20,000, amma ba a ba su kuɗi ba, ba a kuma buɗe wa ɗalibansu ƙofar aiki ba in ban da alƙalanci da malantar haraji. Har ma ɗan mishan ɗin da ya yi amfani da harshen jama'a da sababbin haruffa don ya raba su da rubutun Larabci, kowane ɓangare yana da nasa, Ilminsky a Kazan, Likita Mila a Zariya.

Makarantar da Kaufman ya tarar, ɗan Ambursa zai shiga cikinta bai ji baƙunta ba. Yara na zaune a tabarma gaban malami, kowa na ɗaga murya da nasa darasi, ana farawa da sunayen baƙaƙe kafin wasulla, ana kai wa malami ɗan abin hannu kowace Alhamis yadda muke kai kuɗin Laraba. Wanda ya sauke ya shiga littattafai, sai dai su Hanafawa ne, suna karanta Ƙuduri da Hidaya inda muke karanta Ahalari da Iziyya da Risala da Muhtasar, kuma Buhara ce matattararsu da ɗalibi ke yi wa tattaki na wata da watanni. A ƙauyukan Tatarawa, Musulmin ƙasar Kazan, matar liman ita ke karantar da 'yan mata a cikin gidanta, aikin da ya yi kama da na jaji, matan da Nana Asma'u ta riƙa naɗa wa malfa tana tura su ƙauyuka.

Daga cikin wannan duniya gyara ya taso, kuma wannan ne ɓangaren da na fi so mai karatu ya tsaya a kansa. Shihabuddin Marjani na Kazan, wanda ya rasu a 1889, ya yi karatu a Buhara da Samarƙandi, ya dawo yana kira a koma ga Alƙur'ani da Hadisi da littattafan magabata, a rage ɓata shekaru a kan sharhin sharhi, a kuma koyi Rashanci da tarihi. Isma'il Gasprinsky na Kirimiya ya kafa jaridar Tarjuman a 1883, a shekara mai bi ya buɗe makaranta a Bahcisarai a kan abin da aka kira usulul jadid, sabuwar hanya. Asalin sabuntar ƙarama ce a ido: a koya wa yaro sautin harafi maimakon sunansa, a fara da harshen da ya tashi da shi amma da haruffan Larabci, a haɗa karatu da rubutu tun ranar farko, a raba yara aji-aji, a yi jarrabawa a gaban iyaye. Ya yi da'awar cewa yaro zai iya karatu cikin kwana arba'in, ya kuma tara jama'a suka ga yaran suna karantawa. Daga nan hanyar ta bazu, aka ƙara lissafi da labarin ƙasa da tarihi a kan fiƙihu da tauhidi, aka sami manyan madarisai irin su Muhammadiyya a Kazan, da Husainiyya a Orenburg, da Aliyya a Ufa wadda aka buɗe a 1906. A Turkistan Munawwar Ƙari ya buɗe tasa a Tashkent, Mahmud Hoja Behbudi ya tsaya wa ta Samarƙandi. Kuɗin duk wannan daga aljihun attajirai ya fito, ta hanyar wakafi, hukumar sarki kuwa kallon tuhuma take yi musu. Malaman tsohuwar hanya sun yi musu raddi mai zafi, har suna da mujallarsu a Orenburg, kuma gardamar ta kai ga kafirta juna da kai ƙara wurin 'yan sandan sarki.

Mu ma mun yi irin wannan yunƙuri. Sarkin Kano Abdullahi Bayero ya tsaya aka kafa makarantar shari'a a 1934 da malamai daga Sudan, wadda ta zama Makarantar Nazarin Larabci a 1947, kuma makarantun Islamiyya masu aji da benci da jarrabawa, waɗanda Malam Aminu Kano da abokansa suka yi wa hidima tun shekarun 1950, yau babu unguwar da ba su. Bambancin da na gani shi ne, Tatarawa sun sa harshensu cikin haruffan Larabci ya ɗauki lissafi da kimiyya da jarida, sun buga littattafai dubbai a maɗaba'un Kazan, don haka yaronsu bai bukaci barin rubutun kakanninsa ba kafin ya san duniya. A wurinmu ajami ya tsaya ga waƙoƙin wa'azi da wasiƙu da lissafin fatake, aikin ofis da littafin makaranta kuwa boko ya ɗauke tun daga makarantar Ɗan Hausa ta Nasarawa a 1909, sai Islamiyya ta tashi tana karantar da addini da Larabci kaɗai, ta bar wa firamare sauran.

Amma a nan ma masana sun yi wa kansu gyara. Na farko sun ɗauki maganar masu sabuwar hanya yadda take, cewa tsohuwar makaranta duhu ce da haddar abin da ba a fahimta. Adeeb Khalid, a littafinsa na 1998, ya bayyana cewa tsohuwar makaranta ba don koyar da karanta jarida aka gina ta ba, aikinta shi ne dasa ladabi da nassi a ƙirjin yaro ta hanyar zama gaban malami, saboda haka auna ta da ma'aunin jarida kuskure ne. Michael Kemper, shi ma a 1998, ya tono rubuce-rubucen Larabci na malaman Bolga ya nuna zurfin muhawarorinsu na fiƙihu da tasawwufi tun kafin a haifi Gasprinsky, Devin DeWeese kuma a 2016 ya soki yadda aka mai da masu sabuwar hanya su kaɗai ne fitilar tarihin. Mu da muke zaune a ƙasar Malam Abdullahi ɗan Fodiyo ba mu bukatar a kawo mana hujja daga nesa. Wanda ya duba Ida'un Nusuhi, inda ya lissafa shehunan da ya ɗauki karatu a wurinsu da littafin da ya karanta gaban kowanne, sa'an nan ya buɗe Liya'ut Tawili ya ga tafsirin da wannan karatu ya haifar, ya san cewa zaure da buzu sun fitar da malamin da jami'a za ta yi alfahari da shi. Faɗin wannan ba ya wanke abin da muke gani yau, na yaro ɗan shekara shida da aka kai wani gari aka bari da ƙoƙon bara, ba sutura, ba magani, wanda zai shekara biyar bai wuce izu biyar ba. Wannan zalunci ne, kuma kare martabar karatun allo ba ya yiwuwa sai an faɗe shi da sunansa.

Sai zamanin Sobiyat, wanda shi ne abin da 'yan bokonmu suka fi sani, suka kuma fi sha'awa. A watan Disamba na 1919, ana tsakiyar yaƙin basasa da yunwa, gwamnatin Lenin ta wajabta wa duk wanda ke tsakanin shekara 8 da 50 ya koyi karatu, da Rashanci ko da harshensa, ta rage wa ma'aikaci mai koyo sa'a biyu a aikin yini ba tare da an taɓa albashinsa ba, ta kuma ɗora wa waɗanda suka iya nauyin koyar da waɗanda ba su iya ba. A 1930 aka wajabta firamare ga kowane yaro. Alƙaluman hukuma sun ce masu karatu tsakanin shekara 9 da 49 sun tashi daga kashi 28 cikin 100 a 1897 zuwa kashi 57 a 1926, da 87 a 1939, da 98 a 1959. Masana suna karɓar waɗannan alƙaluma da taka-tsantsan, domin ma'aunin iya karatu a ƙidayar sassauƙa ne, amma babu mai musun cewa an yi abin da ba a taɓa yi ba cikin ƙarni guda. Sheila Fitzpatrick ta nuna a 1979 sirrin da ya ja mutane: takardar makaranta ta zama tsani na gaske, ɗan maƙeri da ɗan manomi suka zama injiniyoyi da shugabanni, Brezhnev ma daga cikinsu ya fito. Da tauraron Sputnik ya tashi a 1957, Amurka kanta ta yi dokar gyara karatun kimiyya a 1958. Wannan suna ne ya ja ɗaliban Nijeriya zuwa Jami'ar Lumumba da aka kafa a Mosko a 1960 da sauran jami'o'in Sobiyat, suka dawo likitoci da injiniyoyi.

Abin da Musulmin daular suka biya kuwa, wajibi ne a ajiye shi kusa da waɗancan alƙaluma. Daga 1927 aka ƙwace wakafai, aka rufe makarantun allo da madarisai da kotunan shari'a. Bayan taron da aka yi a Baku kan batun haruffa a 1926 aka sauya haruffan Larabci da na Latin, kafin 1940 aka sake sauya su da na Rasha, ta yadda a cikin shekara goma sha biyar malamin da ya rubuta littattafai ya wayi gari ana lissafa shi cikin waɗanda za a koya wa baƙi, jikansa kuma ba ya iya karanta abin da aka rubuta a kabarinsa. Masu sabuwar hanya da suka ba gwamnati hannu da fatan cika burinsu ba su tsira ba: an kashe Munawwar Ƙari a 1931, an harbe Fitrat da mawaƙi Colpon a Tashkent a 1938. Da aka sassauta bayan yaƙin duniya, madarasar Mir Arab ta Buhara aka sake buɗewa a 1946 da ɗalibai 'yan ƙalilan, ga al'umma ta miliyoyi. Abin da ya riƙe silsilar karatu shi ne ɗakunan ɓoye, irin na Muhammadjan Hindustani a Dushanbe, wanda ya sha ɗauri ya fito ya ci gaba da karantar da ɗalibai a asirce har rasuwarsa a 1989.

Idan muka ɗora namu tarihi a kan wannan ma'auni, sai mu ga Allah Ya tsare mu daga babbar musibar, ba a rufe mana zaure da bindiga ba, ba a ƙona mana littattafai ba, silsilar ijaza tana nan daga Gwandu har Sakkwato. Amma babbar nasarar ma ba mu same ta ba. Yaƙi da Jahilci na shekarun 1950 ya yi ƙoƙari da Hausar boko. Shirin firamare kyauta na 1976 ya buɗe ƙofa, aka yi tsammanin yara miliyan 2.3, kusan miliyan 3 suka zo, aka rasa malaman da za su karɓe su. An buɗe makarantar almajirai ta zamani a Gagi, Sakkwato, a 2012, aka gina irinta sama da 150, da yawansu suka lalace saboda an gina su ba tare da alarammomin da yaran ke hannunsu ba. Abin da Sobiyat ta yi wa haruffan Larabci da doka, mu muna yi wa ajami da sakaci. A 2007 aka cire shi daga ƙananan takardun naira, alhali dattijon da ke karanta wasiƙa da shi har yanzu in an zo rubuta sunaye sai a sa shi cikin marasa ilmi.

A dubi yinin yaro guda a garin nan na Ambursa, wanda sarakunan Gwandu suka zauna cikinsa kafin a koma Birnin Kebbi a 1906, wanda kuma yau jirgin alhazai ke tashi daga gefensa. Da asuba yana gaban alaramma da allonsa, yana bin rubutun Warshu, inda fa take da ɗigo a ƙasa, ƙaf kuma ɗigo guda a sama, yana kiran baƙaƙe da sunayensu na Hausa, lam ara, ha kuri, jim ƙarami. Da hantsi yana firamare, malami na rubuta Turanci a allon bango daga hagu zuwa dama, yana fassara masa da Hausa, ko da yake manufar ilmi ta ƙasa ta 1977 ta taɓa cewa da harshen gida za a karantar a shekarun farko. Bayan La'asar yana Islamiyya da bugun Hafsu, inda fa ta koma ɗigo a sama, ƙaf ta zama mai ɗigo biyu. Rubutu uku ke nan a yini ɗaya, gaban malamai uku waɗanda babu wanda ya san inda ɗayan ya kai shi, kuma babu ɗaya daga cikinsu da aikinsa shi ne ya tabbatar yaron ya iya karanta Hausa, harshen da yake tunani da shi. Yaron da ya jure wannan ba a ce masa daƙiƙi ba, kuma iyayen da ke biyan kuɗin Laraba da kuɗin Islamiyya da na littafin firamare ba a ce ba su son ilmi ba.

Abin da zan ɗauka daga Gasprinsky shi ne ya fara da ƙaramin abu wanda ake iya gwadawa a gani: yaro ya karanta harshensa cikin 'yan watanni, a gaban iyayensa. Alaramman da ya koya wa yaro babbaƙu da farfaru ya riga ya yi mafi wuyar aikin, saura kaɗan yaron ya karanta Hausa da ajami, daga nan kuma boko ba ta da nisa. Da za a zauna da alarammomin gunduma guda, a shirya ɗan littafin karatu da lissafi mai ajami a shafi ɗaya boko a ɗaya, a ba malamin alawus a kan kowane yaron da ya ci jarrabawa a bainar jama'a, a bar yaran suna kwana gidan iyayensu, da an gwada abin da ginin bene bai gwada ba. Daga Tatarawa zan ɗauki wakafi, domin attajiran shinkafa da albasa da kifi na wannan kwari ba su kasa attajiran Orenburg niyyar alheri ba, illa dai an saba kai sadaka ga ginin masallaci fiye da albashin malami. Daga Sobiyat kuwa abu biyu ne suka cancanci ɗauka, horar da malamai da yawa kafin a tara yara, da tabbatar da cewa takardar da yaro ya samu tana kai shi ga sana'a. Tilascin da ya zo tare da su ba abin kwaikwayo ba ne, kuma binciken Eklof ya nuna cewa son karatu ya riga tilascin zuwa.

Akwai kuma bashin da ke kan jami'o'inmu. Rashawa sun daɗe suna nazarinmu: Yushmanov ya rubuta bayanin ginin harshen Hausa a 1937, Dmitri Olderogge na Leningirad ya fitar da littafi a kan tarihin Sudan ta Yamma a 1960, inda ya karanta jihadin Shehu Usmanu da idon gwagwarmayar talakawa da masu sarauta, karatun da ya tauye ɓangaren aƙida ko da yake ya kauce wa masu cewa faɗan ƙabila ne, ya kuma jagoranci ƙamus na Hausa da Rashanci a 1963, Laptukhin ya biyo da na Rashanci da Hausa a 1967, Rediyon Mosko kuma ya yi shekara da shekaru yana magana da mu da harshenmu. Mu kuwa Rashanci a jami'o'i irin na Ibadan da Legas ake koyar da shi, nesa da zaurukanmu. Alhali da yawa daga abin da malaman Kazan da Dagistan suka rubuta kafin 1917 da Larabci ne, ɗalibin da ya tashi a zauren Gwandu zai karanta Marjani ba tare da tafinta ba, ya kuma gane muhawarar daga ciki fiye da Baturen da ya koyi fiƙihu a aji. Jami'ar Tarayya ta Birnin Kebbi, wadda aka kafa a 2013, da Jami'ar Usmanu Danfodiyo ta Sakkwato suna iya ɗora ɗalibi guda a kan kwatanta Marjani da Malam Abdullahi, wani kuma ya bi Ambursa gida-gida ya ƙidaya masu karanta ajami, da masu karanta boko, da masu karanta duka biyun, maza da mata, domin duk shirin da za a yi wa makarantun garin nan a kan wannan ƙidaya ya kamata a gina shi.